Daga Alkaki Zuwa Gaton Shokola: Tarihin Zaƙin Taro a Wadata



Asabar ɗin da ta wuce an yi suna a layinmu. Tun da asuba an kafa tanti an tare hanya, an jera kujeru, ƙarfe bakwai liman ya yi fatiha, aka raba goro da dabino kamar yadda aka saba. Da hantsi ya yi mata suka cika gida, sai ga ƴan mata sun fito da faranti bakwai na wani baƙin gato, an yanka shi ƙanana ƙanana, kowane yanki cikin ƴar ledarsa. Kafin ka ce me, ya ƙare. Wata tsohuwa daga dangin mai jego ta gutsura, ta jujjuya sauran a hannu, ta ce wa wadda ta gasa: "Ɗiyata, wanga abu da daɗi shi ke, amma ina alkakin? Mu sa'ad da munka yi namu, in babu alkaki da nakiya, ba a cewa an yi komi." Aka yi dariya. Ita kuwa ta durƙusa ta ce: "Inna, ki yi haƙuri, wa za ya zauna ya yi alkakin mutum ɗari uku yanzu?"

Dukansu biyu suna da gaskiya. Wannan ƴar magana tasu ce ta sa muka ce bari mu waiwaya mu ga yadda zaƙin da muke rabawa a taro ya taso daga alkaki har ya iso ga shokola, da abin da muka samu, da abin da muka ajiye a hanya.

Da farko dai kowa ya san taronmu ba ya ƙirguwa. Ka gayyaci mutum ɗari, ɗari uku su zo, kuma babu wanda za ka ce wa ya koma. Maƙwabta za su zo, ƙawayen ƙawaye za su zo, almajirai da yaran unguwa suna bakin ƙofa. Saboda haka duk abin da uwar biki za ta raba sai ya cika sharaɗi uku: ya yanku ko ya ƙullu daidai wa daida don kada a ce an fifita wani, ya jure zafin garin nan ba tare da ya lalace ba, sannan kuɗinsa ya zama abin da za a iya. Kakanninmu sun sha fama da waɗannan sharuɗɗa uku, mu ma da su muke fama. Kayan haɗin ne suka canza.

A da, zaƙi a ƙasar Hausa zuma ce, da dabino, da rake, da mazarƙwaila da ake dafawa daga ruwan rake. Farin sukari kayan nesa ne. Baturen Jamus ɗin nan Heinrich Barth, da ya ratsa Agadas a 1850 ya isa Kano a 1851, ya lissafa sukarin Faransa cikin kayan da ayarin raƙuma ke ƙetaro hamada da su zuwa kasuwar Kano, tare da takarda da madubi da allura. Abin da ya sha irin wannan tafiya ba na bakin talaka ba ne. Alkama ma haka: ana nomanta da rani a lambunan Ayar da fadamun Ƙonni da Kano, amma kaɗan, shi ya sa gurasa da taliya da finkaso suka zama cimar sarakuna da attajirai da ranar farin ciki. Sunayen kansu suna faɗin hanyar da suka biyo. Alkama, sukari, alewa, alkaki, duka daga Larabci muka aro su, tun zamanin fatauci tsakaninmu da Gadamus da Tarabulus.

A cikin wannan hali aka gina al'adar gara. Iyayen amarya su kai wa gidan ango hatsi da mai da man shanu, a saman kayan kuma ga ƙwarya ko fanteka cike da alkaki, nakiya da dubulan, waɗanda za a rarraba wa dangi gida gida. Aikin ba na mutum ɗaya ba ne. Kwanaki kafin biki mata ke taruwa: waɗansu na ɓarzar alkama, waɗansu na murza ta da mai a bar ta ta kwana ta yi tsami, waɗansu na naɗawa, wata na bakin kasko, wata na tsoma soyayyen cikin zuma. Nakiya kuwa shinkafa ce ake jiƙawa a daka, a soya garin, a kirɓa shi a turmi da zuma da man shanu da citta da kanumfari da masoro, har taɓarya ta riƙa maƙalewa. Hikimar ita ce babu ruwa a jikinta sai mai da zaƙi, don haka takan yi watanni ba ta ɓaci ba, babu firigo babu kuran. Mai jego ta ci ta ji ƙarfi, matafiyi ya ƙulla ta a guzuri. Hannu da yawa, in ji masu iya magana, maganin ƙazamar miya.

Sauyi na farko ya zo da Nasara. A 1926 Faransawa suka ɗauke babban birni daga Damagaram suka dawo da shi Yamai. Gari ya fara cika da ma'aikata da sojoji da ƴan kasuwa, Zabarmawa da Hausawa da Fulani da Buzaye, da mutanen Dahome da Togo da Senegal da aka kawo aikin ofis. Tare da su burodi ya shigo, da fulawar buhu da sukari mai ƙwaya da madarar gwangwani. Hanyar kayan ita ce wadda muka sani har kwanan nan: jirgin ruwa ya sauke a Kwatano, jirgin ƙasa ya kai Paraku, wanda layin dogo ya isa a 1936, daga nan manyan motoci su ɗauko ta Malanbil da Gaya da Dosso. Da fulawa ta yi araha sai ta shiga kaskon mata. Farimasa da fanke suka zauna kusa da ƙosai a bakin titi, cincin ya shiga kayan gara har yau wasu na zaton da shi aka fara. Sukari ya ture zuma daga tukunyar alkaki saboda ya fi sauƙin samu. Tsofaffin wancan lokaci ma sun yi irin ƙorafin da Inna ta yi ranar Asabar.

To shokola fa? Nan ne labarin ya taɓa gidajenmu kai tsaye. Itacen kakawo, ba kokon da muke sha da ƙosai ba, asalinsa daga nahiyar Amurka ne, yana son ruwan sama da inuwar kurmi, ba ya yi a ƙasarmu. A 1879 wani maƙeri mai suna Tetteh Quarshie ya dawo da irinsa daga tsibirin Fernando Po ya shuka a Mampong, cikin ƙasar da ake kira Gwalkwas a lokacin, Gana ta yau. Zuwa 1911 ƙasar ta zama ta ɗaya a duniya wajen fitar da kakawo. Gonakin nan da tashoshin jirgi suna son ƙarfi, ƙarfin kuwa daga arewa ya riƙa gangarawa. Kakanninmu sun riga sun san hanyar tun zamanin fataucin goro zuwa Gwanja da Salaga. Da an gama girbi sai samari su kama hanyar Kurmi, daga Zabarma, daga Arewa, daga Adar, su sauka zangon Kumasi ko Ankara. Wasu na gona, wasu na dako a kasuwa da bakin teku, har kalmarmu ta kaya ta zama sunan ƴan dako a can, kayakaya. Fim ɗin Jaguar na Jean Rouch, wanda Damure Zika da abokansa suka fito a ciki, irin wannan tafiya ya nuna.

Ku tambayi duk tsohon da ya yi Kurmi abin da ya kawo tsaraba. Zai ce atamfa, akwati, agogo, keke, fitila. Ba za ka ji ya ce shokola ba. Ya ɗauki buhun kakawo a ka har wuyansa ya ƙage, amma bai taɓa sa abin da ake yi da shi a baki ba, don ɗanye ake loda shi zuwa Turai. Can ne kamfanin Fry na Ingila ya fara yin shokola ta sanda a 1847, can ne Daniel Peter na Suwis ya haɗa ta da madara a 1875, can kuma ribar ta zauna. A Nuwamban 1969 gwamnatin Busia ta ba baƙi marasa takarda mako biyu su bar Gana, dubban mutanenmu suka dawo da abin da hannu ya iya ɗauka. Iyalai da yawa na Yamai daga wannan dawowa suka kafu.

Akwai kuma dalili na biyu da ya hana shokola zama a nan da wuri, shi ne rana. Man da ke cikin kakawo yana narkewa da zafi ya kai wajen digiri 34, mu kuwa a watan Afrilu muna wuce 40 a inuwa. Sandar shokola a teburin mai tireda kafin azahar ta zama kunu. Ko Gana da ta kafa masana'antarta a Tema a 1965, sai da ta yi tata Golden Tree mai tauri yadda za ta jure zafi. Shi ya sa shokola ta fara shigo mana a gari cikin gwangwani: Ovaltine, Milo, da Bournvita da kamfanin Cadbury ke yi a Ikeja, suna biyo motocin Najeriya ta Ƙonni da Maraɗi da Gaya. Daga baya ga ta shafawa a burodi, cikin bokitin roba, mai butiki ya lakato da wuƙa ya shafa wa ɗan lakwal ta dala biyar ko dala goma. Yawancinmu a teburin mai shayi muka fara sanin ɗanɗanonta.

Wadata kuwa tana tsakiyar wannan harka. A 1982, zamanin Seyni Kunce, gobara ta cinye Babbar Kasuwar Yamai, aka ba ƴan kasuwa da yawa wuri a nan kafin a gama sabon gini a 1987. Da aka buɗe waccan, tamu ba ta mutu ba. Ga kasuwa ga tashar mota, duk wanda ya sauko daga Dogondutsi ko Tawa ko Maraɗi da mu yake fara gaisawa, masu shayi na kwana suna aiki. Mace ba ta buƙatar shiga gari don sayen fulawa da sukari da ƙwai da margarin, duk ga su a bayan gida. Ba mamaki da sana'ar gato ta yi saiwa a lungunanmu.

Abin da ya ƙara tura mata cikinta shi ne karyewar sefa. A Janairun 1994 aka rage darajar kuɗinmu da rabi, faran ɗaya na Faransa da ke sefa 50 ya koma 100. Duk abin da ke zuwa ta teku ya yi tsalle, ga albashi ana bin bashinsa wata da watanni. Mu da muka ga lokacin muna tune da yadda biskit na kwali da gaton kanti suka gagari mutane, iyayenmu mata suka koma yi da hannunsu. Babu tanda a gida, sai dabara: a zuba yashi mai tsabta a gindin babbar tukunya, a ɗora kan gawayi ya yi zafi, a shafe gwangwanayen sardin ko na tumatir da mai, a zuba ƙullu, a jera kan yashin, a rufe da faifan ƙarfe a zuba garwashi a kai. Wuta sama wuta ƙasa. Wanda aka yi don biki ya yi saura, sai a sa a bokiti mai murfi yarinya ta kai tasha. Gidaje nawa ne a Wadata aka biya kuɗin makaranta da wannan bokiti?

Sai kuma abu biyu suka zo kusan tare. A ƙarshen 2011 matatar mai ta SORAZ ta fara aiki kusa da Damagaram, gaz ya yawaita, ƙananan tanda na gaz suka shiga gidaje, maƙeran Katako ma suka shiga ƙera nasu. Sannan wayar hannu ta kawo girkin duniya cikin tafin hannu ta WhatsApp da YouTube da Facebook. Ta nan ƴan matanmu suka gano wannan baƙin gato da Amurkawa ke kira burawuni. Ana danganta farkonsa da otal ɗin Palmer House na Shikago, lokacin babban baje kolin 1893, inda aka nemi abin zaƙi da za a iya sa wa cikin kwali a ci da hannu, kuma a 1906 ya fito a littafin girkin Fannie Farmer na Boston. Wato shi ma don rabo aka ƙirƙire shi, shi ya sa ya dace da mu.

Ku duba yadda ya cika sharuɗɗan nan uku. Ba a yi masa kirim, saboda haka ba ya neman firigo. Ba a son ya kumbura, saboda haka ba ya neman injin bugawa, muciya ko babban cokali ya isa. Faranti guda ake zubawa a yanka. Ga yadda wadda ta yi na ranar Asabar ta ba mu awonta, na faranti mai santimita 30 da 40: ƙwai 6, sukari giram 600, narkakken margarin ko man gyaɗa giram 350, garin kakawo giram 150, fulawa giram 300, da ɗan gishiri. A haɗa mai da sukari, a fasa ƙwai ɗaya bayan ɗaya, a tankaɗe fulawa da kakawo a zuba, a juya kaɗan kawai har fari ya ɓace. Amurkawa sukan yayyanka sandunan shokola su watsa a ciki, ita kuwa soyayyar gyaɗa take dakawa sama sama, wani lokaci ta ƙara yankakken dabino, in mai biki na da hali ta sa ƴan gutsattsarin Mambo. Wuta matsakaiciya, digiri 180 ga mai ma'auni, minti 25 zuwa 30. A soka tsinke, in ya fito da ɗan danshi a sauke, don in ya fito fes an wuce wuri, gobe zai zama katako. Kada a yanka sai ya huce sarai. In aka yi yanka na santimita biyar biyar, faranti ɗaya na ba da 48, bakwai su ba da 336. Mace ɗaya da ƙanwarta sun gama cikin yini guda abin da a da sai mata goma sun yi kwana uku.

Wannan sauƙi ne na gaske, kada mu raina shi. Amma shekarun nan sun nuna mana inda igiyarsa take ɗaure. Yaƙin Rasha da Yukren da ya ɓarke a Fabrairun 2022 ya ɗaga kuɗin alkama a duniya, muka ji shi a buhun fulawa. Bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023, CEDEAO ta sa takunkumi, aka rufe iyakar Benin da ta Najeriya, Najeriya ta yanke kuran. An ɗage takunkumin a Fabrairun 2024, amma gadar Gaya ta ci gaba da zama a rufe, kaya suka koma zagayowa daga Lome ta Burkina cikin ayari da rakiyar soja, kwanaki da kuɗin mota suka ƙaru. Ana cikin haka kakawo ya yi tashin da ba a taɓa gani ba. Kodebuwa da Gana, da ke ba duniya fiye da rabin abin da take ci, suka yi mummunan girbi saboda cutar itace da rikicewar damina. Tan ɗaya da ke wajen dalar Amurka 2,500 a farkon 2023 ya wuce 10,000 a Maris na 2024, ya wuce 12,000 a Disamba. Masu gato na unguwa suka shiga rage kakawo suna ƙara kala, ko su ƙanƙance yanka, ko su ce wa mai biki ta ƙaro kuɗi.

Mu ƙirga da kyau. Cikin kayan burawuni, fulawa daga waje, sukari daga waje, kakawo daga waje, margarin daga waje. Ƙwai da gyaɗa ne kawai za mu ce namu. Nakiya kuwa shinkafarta na nan bakin Isa, a Saga da Kirkisoy da Kollo, zumarta na zuwa daga Makalondi ko Madarunfa, man shanunta na hannun Fulanin da ke shigowa gari kowace safiya. Ba muna cewa ta fi araha ba, zuma mai kyau ta yi tsada ita ma. Abin da muke cewa shi ne kuɗinta a gida yake zagayawa, kuma rufe gada ba ya hana a yi ta.

Akwai kuma abin da ba a faɗa a gaban mutane. Mun san matan da suka ci kuɗin adashe tun kafin zagayensu ya zo, ko suka jinginar da ɗan kunne, don kawai a ce ledar da aka raba a bikin ɗiyarsu ta fi ta maƙwabciya nauyi: gato, cincin, lemun kwalba, da kofi mai hoton amarya. Biki ya watse, bashi ya zauna. Kowa ya daka rawar wani, ya rasa turmin daka tasa. Farantin burawuni an yi shi ne don ya sauƙaƙa wa mai taro, in ya zama abin gasa to an juya masa manufa.

Abu na ƙarshe shi ne ya fi damunmu. Awon burawuni yana cikin waya, ko shekara hamsin aka yi za a same shi. Awon alkaki yana cikin hannun tsofaffi ne: yadda ake gane tsamin ya kai, yawan kanwar da za a sa, lokacin da zuma ta yi ƙaurin da za ta shiga jiki ba ta jiƙa shi ba. Ba a rubuce yake ba, da ido da yatsa ake koyonsa. A layinmu mata biyu suka rage da ake kira in ana son alkakin gara na ainihi, kuma dukansu sun haura saba'in. Ranar da suka tafi, sai dai mu yi oda daga Maraɗi ko Kano.

Shawararmu ƙarama ce. Masu foyandi da ƙungiyoyin adashe na unguwa, ku ware zama ɗaya ku gayyato irin waɗannan iyaye, a sayi alkama tiya ɗaya a yi a gabanku, ƴan mata su sa hannu, mai waya ta ɗauka, a ba tsohuwa goronta da mutunci. Masu biki kuma, in faranti bakwai za a yi, a yi biyar na gato, kuɗin biyun a yi nakiya ko alkaki da su, ko da tsofaffi da surukai kaɗai za a ba. Mun ji cewa bayan sunan nan, wadda ta gasa gaton ta je har gida ta gaida Inna, ta ce tana son ta koya. Inna ta ce mata: "Ki taho ran Laraba da sahe, ki zo da alkamarki, kuma ki bar waccan wayar taki cikin jaka sai mun gama murza."

Allah ya raya abin da aka haifa, ya ba mu wadatar da unguwarmu ta ci sunanta, ya rufa mana asiri duniya da lahira. Amin.